Fentin hana fumfuna, gansakuka da ƙwayoyin cuta: yadda ake zaɓa da yadda ake shafawa

Wata shekara cikin Agusta, marka ta kwana uku ba ta ɗauke ba, aka kira ni gyaran banɗakin wani ƙaramin asibitin unguwa. Bangon ya yi baƙi tun daga ƙasa har daidai ƙugu, ɗakin na wari kamar an kulle jiƙaƙƙen tsumma a akwati. Mai wurin ya riga ya sayo fenti mai tsada, an rubuta a jikin bokitin cewa yana kashe ƙwayoyin cuta, ya ce washegari yake son a buɗe ɗakin. Na goge bangon sama-sama, na yi shafi biyu, na karɓi kuɗina. Ba a cika sati shida ba baƙin ya hudo ya fito, fentin ya kumbura yana ɓarewa kamar ɓawon albasa. Na je na ɗauko maigidana, wanda ya koya mini sana'ar. Ya dafa bangon da bayan hannu, ya ɗan jima, sannan ya ce, "Ɗana, fenti bai ci amanarka ba. Ƙofa ka rufe da ɓarawo a ciki." Da aka fasa filastar sai ga bututun ruwa yana tsatsafo a cikin bulo.

Abin ya dame ni ƙwarai, domin marasa lafiya ne ke shiga ɗakin nan. Tun daga lokacin na shiga bin diddigin irin waɗannan fenti da shafe-shafe, na bango da na tanki da na jirgin ruwa. Suna da amfani na gaske, amma kowannensu akwai abin da aka yi shi dominsa, kuma babu wanda ke aiki a kan datti ko damshi.

Da me ake faɗa?

Zura hannu cikin randar da ta yi sati ba a wanke ba, za ka ji santsi a jikinta. Wannan santsin shi ne tushen magana. Da zarar ruwa ya zauna a kan abu, cikin mintoci ƙananan ɓurɓushin abinci da ke cikin ruwan suna kwanciya a kansa. Ƙwayoyin bakteriya su zo su sauka, su manne, su fara fitar da wani yauƙi da ke zama musu gida. A cikin yauƙin nan maganin kashe ƙwayoyin cuta ba ya kai musu yadda yake kai wa waɗanda ke yawo a sake. Irinsa ne dattin da ke taruwa a haƙori, wanda Antonie van Leeuwenhoek, mutumin Holan, ya kankaro daga haƙoransa a 1683 ya duba da gilashin ƙara girma, ya ga ƙananan halittu na motsi a ciki.

Idan yauƙin ya kafu, sauran baƙi sai su biyo baya gwargwadon wuri. Inda rana ke haskawa gansakuka ce. Inda ke da duhu da damshi fumfuna ce. A ruwan gishiri kuwa akwai wasu halittu masu ɓawo kamar kumba da ke like wa jirgi tamkar an sa siminti, da wata tsutsa mai huda katako ta mai da shi kamar saƙar zuma.

Mataki na 1: gane abin da ya kama wurin

Kada ka je kasuwa tukuna. Ɗauki ruwan bilic irin Hypo ko Jik, ka ɗiga a kan tabon. Idan cikin minti ɗaya ko biyu wurin ya washe, abu mai rai ne, fumfuna ko gansakuka. Idan bai canza ba, hayaƙi ne ko ƙura, sabulu ya ishe shi. Idan kuma fari ne yana garin gishiri a yatsa, yana narkewa da ruwa, to gishirin bulo ne da damshi ya turo waje. Wannan babu fentin kashe ƙwayoyin cuta da zai yi masa komai, domin ba rai gare shi ba.

Sannan ka tambayi kanka me kake son karewa. Fentin ne kake so kada ya yi baƙi? Ko mutanen da ke taɓa wurin kake so kada su kwashi cuta? Ko ruwan sha? Ko gudun jirgi da man da injinsa ke sha? Amsoshin nan huɗu kayan aikinsu huɗu ne daban, kuma haɗa su wuri ɗaya shi ke jawo ɓarna mafi muni.

Mataki na 2: toshe inda ruwa ke shigowa

Nan ne aikin yake, ko da yake ba a ganinsa idan an gama. Bi rufi ka duba kwanon da ya huje da indararon da ke zuba a jikin bango. Duba bututun da aka binne cikin filasta, da gindin bango ta waje inda ruwan sama ke kwanciya. Idan baƙin daga ƙasa yake hawa ya tsaya a layi ɗaya, ƙasa ce ke shayar da bulo, sai an gyara magudanar ruwa an yi dakali mai gangara. Idan a saman banɗaki yake da kusurwoyi, tururi ne ba shi da mafita, taga ko fankar fitar da iska ake bukata.

Maginanmu na da sun san wannan sarai. Dogon indararon da ke jefa ruwa nesa da katanga, da makuba da ake samu daga ɓawon ɗorawa, da laso da ake haɗawa da katsi na marina da gashin jima da dafara, duk dabarun raba ruwa da bango ne.

Bayan an gyara, a gwada ko bangon ya bushe. Yanko leda mai kauri, kamar santimita 45 tsawo da faɗi, ka manna ta a bango da salatif ka rufe gefunan huɗu ruf. Ka bar ta aƙalla awa 16. Idan ka ɗaga ka ga raɓa a cikin ledar, ko filastar ta yi duhu a ƙarƙashinta, bangon bai shirya ba. Sabuwar filasta kuwa a ba ta sati 4. A asibitin can, sai da muka jira sati 3 bayan canza bututun kafin ledar ta fito a bushe.

Mataki na 3: san irin shafin da kake saye

Duk yawan sunayen da ke kasuwa, hanya uku ce ake bi.

Akwai masu sakin guba kaɗan-kaɗan. Fentin ƙasan jirgi mai garin jan ƙarfe yana cikinsu, haka fentin bango mai maganin fumfuna, da wanda aka zuba wa sinadarin azurfa. Suna aiki muddin akwai sauran magani a cikin fatar fentin. Ruwa na wanke shi a hankali, wata rana ya ƙare, fentin ya koma kamar kowane fenti.

Akwai masu kashe abin da ya taɓa su, ba tare da sun zubar da wani abu mai yawa ba. Jan ƙarfe da tagulla su ne kan gaba. A 2008 hukumar kare muhalli ta Amurka ta yi wa gaurayen ƙarafa masu jan ƙarfe rajista a matsayin masu kashe fiye da kashi 99.9 cikin 100 na wasu bakteriya cikin awa 2, da sharaɗin a riƙa tsabtace su. Akwai kuma shafin sinadarin titaniyam, wanda aikinsa ya samo asali daga binciken Akira Fujishima da Kenichi Honda na Japan a 1972. Shi hasken rana ke tayar da shi ya narkar da dattin da ya hau kansa, saboda haka a gilashin waje yana da amfani, a ɗaki mai duhu kuwa kuɗi ne kawai aka zubar.

Na uku su ne waɗanda ba sa kashe komai, hana mannewa kawai suke yi. Duba ganyen gwaza bayan ruwan sama: ɗigon ruwa ya dunƙule yana gangarawa kamar dutsen ado, ya kwashe ƙura ya tafi da ita, ganyen ya tsaya a bushe. Ƙananan ƙuraje ne a jikin ganyen da ido ba ya gani, an lulluɓe su da kakin halitta. Wani masanin tsirrai Bajamushe, Wilhelm Barthlott, ya bayyana wannan a ganyen lotus, wani tsiron ruwa mai kama da bado, har aka fitar da fentin waje mai suna Lotusan a 1999 bisa wannan dabara. A Jami'ar Florida, Anthony Brennan ya kwaikwayi zanen fatar kifin shak ya fitar da shimfiɗar da bakteriya ke wahalar kamawa. Manyan jirage kuma suna amfani da fentin silikon mai santsi, wanda abin da ya like ke saɓulewa idan jirgi ya ɗauki gudu.

A ganina, ga yawancin gidajenmu da ƙananan asibitocinmu, dangin na ukun nan mai araha ya fi komai: tayil da aka cike tsakaninsa da kyau, ko fenti mai sheƙi da ke jure wanki, ko ifoksi, wato shafi mai tauri da ake gauraya ruwa iri biyu kafin a shafa. Wurin da ba shi da ramuka, wanda tsumma da sabulu za su bi su share, ya fi fenti mai magani da ke da kaushi.

Mataki na 4: karanta bokiti da idon basira

Kusan kowane fentin ruwa yana da maganin da ke hana shi ruɓewa a cikin bokiti. Wannan fentin yake karewa kafin a buɗe, ba bangonka ba. Wani kuma yana kare busasshiyar fatar fentin daga fumfuna. Na ukun, wanda ke iƙirarin kare lafiyar mutum, shi ne mafi ƙaranci. Mai shago zai iya kiran dukansu da suna ɗaya. Nemi takardar bayanin kayan, ka ga sunan sinadarin da ke ciki da gwajin da aka yi masa. Kamfanin da ya ƙi faɗin abin da ya zuba, ka bar masa kayansa.

Idan ka ga lambar ISO 22196, wato lambar wani gwajin kashe bakteriya, ka san yadda ake gwajin. Ana ɗiga ruwa mai bakteriya a kan abin, a rufe da siririyar leda, a ajiye awa 24 cikin ɗumi na digiri 35 da laima sosai. A wannan yanayi azurfa tana aiki da kyau, domin sai da damshi take sakin ƙarfinta. Amma marikin ƙofa a Kano cikin hunturu a bushe yake ƙamas, kuma hannu na biyu zai taɓa shi bayan minti ɗaya, ba bayan awa 24 ba. Shi ya sa lambar da ke jikin bokiti ba ta zama alkawari a kan bangonka. Don fumfunar bangon ciki, gwajin da ya dace shi ne ASTM D3273.

Mataki na 5: aikin bango

Buɗe tagogi, sa safar hannu ta roba da tabarau da takunkumi. Haɗa bilic kashi 1 da ruwa kashi 4, idan irin mai ƙarfin kashi 3.5 cikin 100 ne da ake sayarwa a shagunanmu. Jiƙa bangon da soso, ka bar shi minti 15 zuwa 20, ka dirje da buroshi mai tauri, ka ɗauraye da ruwa mai tsabta. Kada ka kuskura ka haɗa bilic da ruwan wanke masai mai asid. Hayaƙin kulorin ke tashi, kuma a ƙaramin banɗaki yana iya kayar da mutum. Silin na kwali ko katakon da fumfuna ta ci har ciki, cire shi za a yi, wanki ba ya kai wa jijiyarta.

Kankare duk fentin da ya saki. Idan tsohon fentin mai ne, jiƙa shi kafin ka sa samfefa, kuma a fitar da yara da masu juna biyu daga gidan, domin tsofaffin fentin mai da yawa suna da dalma. Mun ga abin da ƙurar dalma ta yi a Zamfara a 2010, inda yara fiye da 400 suka rasu. Can daga niƙan dutsen zinariya ta fito, amma gubar ɗaya ce.

Cike tsaga, bar bango ya bushe, sannan ka sa fentin share fage mai jure zafin siminti. Bayansa shafi biyu na fentin da ka zaɓa, kana bin tazarar da aka rubuta tsakaninsu. A nan zan roƙi 'yan'uwana masu fenti: a daina tsinka fenti da ruwa don bokiti ɗaya ya yi aikin biyu. Maganin da ke ciki an auna shi ne da kaurin fatar da zai bari. Ka tsinka shi, ka raba maganin biyu, kuma fatar ta fito shara-shara. Kada a yi shafi a bangon da rana ta gasa, ko da asuba raɓa na kwance, ko ranar da ƙurar hunturu ta turnuƙe. A bar sabon fenti kamar sati 2 kafin a fara wanke shi.

Rumbu, ɗakin kaji da garke ba sa bukatar fenti mai tsada. Farar ƙasar da ake samu daga ƙona farin dutse, wadda 'yan kasuwa ke kira layim, tana da kaifin da fumfuna da bakteriya ba sa jurewa. Sai dai kaifin yana mutuwa idan ta sha iska ta daɗe, don haka a sabunta duk shekara kafin damina. Ba ita ce farar ƙasar da ake haƙowa a rami ba, wannan fari kawai take sawa. A kiyaye ido, layim tana ƙonewa.

Mataki na 6: wuraren da hannu ke yawan taɓawa

Marikin ƙofa, kan famfo, ƙarfen gefen gado, madannin ƙofar makewayi. A nan fenti ba ya daɗewa, hannu na cinye shi. Ƙarfen kansa ya kamata ya yi aikin. A gwajin da aka buga a 2020, ƙwayar cutar korona ta kai awa 72 da rai a kan roba da ƙarfen silba na kwanuka, amma a kan jan ƙarfe ba a same ta da rai ba bayan awa 4.

A sayi tagulla ta gaske mai jan ƙarfe aƙalla kashi 60 cikin 100. Yawancin marikai masu ruwan gwal da ke kasuwa rini ne kawai. Kanga maganaɗisu: idan ya kama, baƙin ƙarfe ne aka rina. Idan bai kama ba, karce bayan marikin da ƙusa, tagulla ta gaske rawaya ce har ciki. Sannan akwai abin da mutane da yawa ba su sani ba. Masana'anta na shafa wa tagulla wani farin banish don kada ta dushe, kuma wannan banish ɗin ya raba ƙarfen da ƙwayar cutar gaba ɗaya. A goge shi da tina. Bayan haka marikin zai yi duhu, to ba komai, duhun ba ya hana shi aiki. Mai son ƙyalli ya murza lemun tsami da gishiri ya ɗauraye. Kada a shafa masa mai ko kaki. Shara da goge-goge na kullum kuma suna nan daram, domin maiƙon hannu idan ya taru shi ma shamaki ne.

Mataki na 7: tankin ruwan sha

Doka ɗaya ce a nan ba ta da sassauci: fentin jirgi da fentin maganin fumfuna ba sa shiga cikin tanki. An yi su ne don su riƙa sakin guba a ruwa, kuma iyalinka ne za su sha.

Gansakuka ba ta rayuwa sai da haske. Da tsakar rana, tanki babu ruwa, leƙa ta baki ka kare hasken da jikinka. Idan ka ga bangon robar yana haske, rana na ratsawa. Yi masa rumfa ko ka kewaye shi, ka tabbatar murfin na rufuwa, ka sa raga a bututun iska. Cikin tankin roba ba a yi masa fenti ko kaɗan.

Tankin siminti na ƙasa shi ake shafa wa simintin hana yoyo ko ifoksi marar tina, wanda aka amince da shi don ruwan sha. Nemi alamar NSF 61 ko WRAS a takardarsa. Yawanci sai ya kwana 7 kafin a zuba ruwa. Kada mutum ya shiga irin wannan rami shi kaɗai. Wani ya tsaya a baki, a sa fanka tana tura iska, janareta kuma a kai shi nesa, domin hayaƙinsa a rufaffen wuri kisa yake ba sallama.

Bayan wanki da buroshi, a cika tankin a zuba bilic mai kashi 3.5, kamar lita 1.5 ga kowace lita 1,000 ta ruwa. A bar shi awa 24, a zubar, a ɗauraye. Ruwan nan kada ya bi ta kududdufin kifi ko lambu.

Mataki na 8: ƙasan jirgin ruwa

Wannan fanni ya fi kowanne tsufa, kuma darasinsa ya fi ɗaci. A 1761 rundunar ruwan Ingila ta lulluɓe ƙasan jirginta HMS Alarm da fallen jan ƙarfe. Tsutsa ta bar katakon, amma aka tarar ƙusoshin baƙin ƙarfe da ke haɗe da jan ƙarfen sun cinye, domin ƙarafa biyu mabambanta a ruwan gishiri batir suke zama, ɗaya na cin ɗaya. Daga shekarun 1960 aka koma wa wani sinadarin kuza mai suna TBT. Ya yi aiki fiye da duk abin da aka taɓa gani, har sai da kawar da ake kiwo a gaɓar Arkashon ta Faransa ta lalace, matan wasu dodon koɗin teku kuma suka fara fitar da gaɓoɓin maza. Faransa ta hana shi ga jiragen da ba su kai mita 25 ba a 1982. Hukumar kula da sufurin teku ta duniya ta amince da yarjejeniyar hana shi a 2001, ta fara aiki a Satumba 2008. Daga Janairu 2023 an ƙara da wani mai suna cybutryne, wanda ake sayarwa da sunan Irgarol. Ka ga ɗayansu a jikin gwangwani, komai araharsa, kada ka saya.

Dalilin da ya sa ake wannan wahala shi ne mai. Wani rahoton hukumar ya nuna yauƙi mai kaurin rabin milimita, idan ya rufe rabin ƙasan jirgi, yana iya ƙara hayaƙin da jirgin ke fitarwa da wajen kashi 25 cikin 100, wato man da yake sha ke nan.

Tambayar farko: a wane ruwa jirginka yake kwana? Idan a Yawuri ne, ko tafkin Kainji, ko Binuwai, ko tafkin Chadi, ruwan daɗi ne. Tsutsar katako ta teku ba ta rayuwa a nan, abin da ke kama jirgi yauƙi ne da gansakuka. Shawarata ga masunta da 'yan fito ita ce kada su sa fenti mai guba. Jan ƙarfe na cutar da kifi, kuma ruwan nan shi ake sha, shi ake kamun abinci a ciki. Fenti mai tauri da santsi ya wadatar, a riƙa jawo kwalekwale tudu yana shan rana, a dirje shi da buroshi duk sati biyu. Baƙin man inji da wasu ke shafawa a bar shi, guba ce tsantsa ake zuba wa kogi.

Wanda jirginsa ke zaune a ruwan gishiri ko gauraye, kamar Legas, Fatakwal, Kwatano ko Tema, shi ne ke bukatar fentin. Ga yadda ake yi.

Fito da jirgi, ka wanke shi tun yana jiƙe, domin abin da ya like idan ya bushe sai da kurfi. Shimfiɗa tamfol a ƙasa. Kankare da samfefar ruwa, kada a goge a bushe, kada a ƙona tsohon fenti da wuta. Ɗauraye gishiri da ruwan daɗi, a bar shi ya bushe. Katako a toshe tsagoginsa a sa masa fentin share fage na jirgi. Faiba da baƙin ƙarfe ifoksi suke so, ƙarfen kuma sai an kankare tsatsa har ya yi fari. Shafin farko na fentin gubar ana ɗora shi ne kan ifoksi tun yana ɗan danƙo: ka danna babban yatsa, ya bar shaida amma bai biyo yatsan ba. Ka bari ya ƙame, ba zai kama ba.

Lissafin fenti ba wuya. Tsawon jirgi a layin ruwa, a ninka da faɗinsa haɗe da zurfin nutsewarsa. Jirgi mai mita 8, faɗi 1.8, nutsewa 0.5, zai ba da 8 sau 2.3, wato murabba'in mita 18.4. Shafi biyu ya kama kusan 37. Idan lita ɗaya na rufe murabba'in mita 10, kana bukatar kusan lita 4, ka ƙara ɗaya don shafi na uku a layin ruwa da goshin jirgi, inda ruwa ya fi ci.

Gwangwanin za ka ji shi da nauyi fiye da na fentin gida, garin jan ƙarfen ne ya kwanta a gindi. Juya shi da sanda har sai ka daina jin laka a ƙasa, kana aiki kana sake juyawa. Kada a tsinka. Yi amfani da rola, fesawa aikin masu kayan numfashi na musamman ne. Dabara mai kyau ita ce shafin farko ya zama launi daban, misali ja a ƙasa, baƙi a sama. Ranar da ja ya fara leƙowa ka san lokacin sabuntawa ya yi.

Darasin HMS Alarm yana nan har yau: fenti mai garin jan ƙarfe ba ya hawa jirgin alminiyam, ba ya hawa ƙafar injin waje. Zai huda su. Su akwai nasu fentin marar irin wannan garin. Dunƙulen tutiya da ake ɗaurawa don ya ci tsatsa a madadin jirgi shi ma ba a yi masa fenti. Takardar fentin za ta faɗi awannin da za a jira kafin a mayar da jirgi ruwa, da iyakar kwanakin da zai iya yi a tudu, a bi su duka biyun.

Mataki na 9: bayan an gama

Rubuta ranar da aka yi aikin da sunan fentin, ka ajiye takardar. Mai gyara na gaba yana bukatar sanin abin da zai ɗora wa, domin ba kowane fenti ke zama kan ɗan'uwansa ba. Bango a duba shi tsakiyar damina, tanki a wanke aƙalla sau ɗaya a shekara, jirgi a shafa ƙasansa da soso mai laushi, ba buroshin waya ba.

Ɓurɓushin da ya zuba a tamfol a tattara cikin gwangwani a rufe. Kada a share shi cikin ruwa, kada a ƙona, kada a zuba inda awaki da kaji ke kiwo. Buroshi da rola ba a wanke su a bakin kogi ko kusa da rijiya.

Sai bokitin. Kowa ya san inda bokitin fenti ke ƙarewa a garuruwanmu: ɗiban ruwa, jiƙon gero, wani lokaci har kunun sayarwa. Na fentin jirgi da na maganin fumfuna ba sa wankuwa yadda za a ci abinci a ciki. Kafin ka bar wurin aiki, ɗauki ƙusa da guduma ka huda gindinsa wuri uku ko huɗu.